Fayil Ɗin Da Ya Ɓace

Shagona yana kan gangare a Valparaíso,
inda gishirin teku ke cinye ƙusoshin ƙofa.
Ximena Arriagada ta shigo da la'asar sakaliya,
ta rungumo kwamfuta tana haki,
irin ta dā, mai nauyin buhun siminti,
farinta ya dafe kamar haƙorin mai shan taba.

Ta ce, Don Eleuterio, babana yana ciki.
Minti bakwai ne kacal.
Yana ɗinkin koma a bakin ruwa, yana magana.
Shekara goma sha ɗaya rabona da muryarsa.

Na jona wuta. Fanka ta yi tari, ta miƙe.
Na danna bidiyon.
Ga kwalekwale shuɗi, ga hannun tsoho da allura,
ga baki yana motsi,
amma tsit.
Sai ɗan akwati ya faɗo tsakiyar allo
yana cewa ba a ga wani fayil ba.
Sunansa haruffa da lambobi a cakuɗe,
wutsiyarsa dll.

Ta dafa tebur. Shi ke nan, ta goge?
Na ce, muryar tana nan a ƙulle,
mai kwance ƙullin ne ya yi ɓatan dabo.

Manhajar nan mai maɓallin kunnawa
uwar gida ce a bakin ƙofa, tana karɓar gaisuwa.
Masu aikin suna can ciki, ba a ganinsu:
wannan ya iya warware sauti,
wancan launi ya sani,
wani kuma aikinsa ya sa leɓe da kalma su iso tare.
Manhaja goma na iya aron guda ɗaya
yadda layinmu duka ke aron tsanin Doña Fresia.
Ranar da ɗanki ya share wani wasa,
tsintsiya ta haɗa har da tsanin.

Na nema a intanet.
Masu tayi sun fi a ƙirga, rabinsu da cuta a aljihu.
Na sauko da ɗaya, sabo fil,
ya dubi tsohon bidiyon bai gane yarensa ba.
Na biyu ya daskarar da allon gaba ɗaya.
Shayinta ya huce, ba ta kurɓa ba.

Can ƙasan durowa, ƙarƙashin wayoyi da matattun batura,
akwai faifan da na rubuta wa suna da alƙalami
tun gashina yana baƙi.
Na huce shi, na goge da gefen riga.
Yana ciki.
Ɗan mitsitsi, bai kai nauyin hoton rasit ba.
Na ajiye shi a gurbinsa kamar mai mayar da haƙori.

Lasifika ta yi ƙaraf.
Iska tukuna. Sai kukan tsuntsayen teku.
Sannan Baldomero Arriagada ya gyara murya ya ce,
ajiye abin nan, yarinya, zo ki riƙe min igiya.
Ya yi mitar kuɗin man jirgi.
Ya zagi wani Nibaldo da ya ari wuƙarsa.
Ya yi tari har sau biyu.
Babu wasiyya a ciki, babu kalmar ban kwana.

Ta yi dariya har ta zauna a kan kwali.
Ta ce, a maimaita. Na maimaita.
A karo na huɗu ta bar dariya.

Da ta tafi na buɗe bayanan fayil ɗin.
Shekara kawai na gani, da sunan kamfanin da ya mutu.
Wanda ya zauna ya rubuta shi,
wataƙila a wani gari mai ƙanƙara,
bai san Baldomero ba, bai taɓa hawan tudun nan ba.

Na kwafe shi wuri uku kafin in rufe shago.
A ƙasa, wani jirgi yana busa,
yana neman hanyar shiga tasha.